Direban da Ya Yi wa Abokin Hamayyarsa Shaida

A tashoshin da ke kan titin da ya taso daga Kano ya ratsa Kazaure da Sandamu ya shiga Daura, yabon direba bai cika wuce abu ɗaya ba: wane ba a wuce shi a hanya. Da wannan ma'auni yaran mota ke tasowa, kuma da shi ake jefa rayukan fasinjoji cikin haɗari. Tarihin Stirling Moss, ɗan tseren motoci na Ingila, hujja ce cewa ma'aunin gurgu ne.

An haifi Moss a Landan a 1929, ya fara tsere a 1948, lokacin da Turai ke farfaɗowa daga Yaƙin Duniya na Biyu kuma ake mayar da tsofaffin filayen jiragen yaƙi fagen tsere. Ya ci tsere 16 a gasar Formula One, ya zo na biyu a duniya sau huɗu a jere daga 1955 zuwa 1958, amma bai taɓa ɗaukar kambun ba. Ko ƙasar Hausa sunansa ya kusanto: a 1974 ya shiga tseren da ya tashi daga Landan ya ratsa Sahara zuwa Kano kafin ya ƙare a Munich, sai dai a hamadar Aljeriya ya fita daga tseren.

Nasararsa mafi shahara ita ce ta Mille Miglia a Italiya a 1955, inda ya yi kusan kilomita 1,600 cikin awa 10 da minti 7 a motar Mercedes. Masu son gudu kan tsaya a nan. Abin da suke mantawa shi ne, shi da abokin tafiyarsa Denis Jenkinson sun yi ta bin hanyar tun kafin ranar, suna rubuta kowace kwana da kowane tudu a doguwar takarda mai naɗi, wadda Jenkinson ya riƙa karantawa yana yi masa ishara da hannu. Gudun nan ɗan shiri ne, ba ɗan ganganci ba.

Amma a 1958 aka ga ainihin halinsa. A tseren Fotugal, a birnin Porto, motar abokin hamayyarsa Mike Hawthorn ta juya ta mutu, kuma alƙalai suka yi niyyar soke sakamakonsa bisa zargin ya bi hanya a baibai wajen tayar da ita. Moss, wanda shi ya ci tseren, ya je gabansu ya shaida cewa Hawthorn yana gefen titi ne a lokacin, ba a kan hanyar tsere ba. Aka bar wa Hawthorn makinsa. A ƙarshen shekara Hawthorn ya ɗauki kambun da maki 42, Moss yana da 41, alhali Moss ya ci tsere huɗu, shi kuwa ɗaya tak.

Wani zai ce wauta ce, tunda babu wanda ya tilasta masa magana. To amma da ya yi shiru, da ya samu kambun da shi kansa ya san da ƙura a jikinsa. Shekaru fiye da sittin bayan nan, wannan shaida ce ake fara tunawa idan an ambaci shekarar.

A 1962 ya yi mummunan haɗari a filin Goodwood, ya yi wata guda bai san inda kansa yake ba. Bayan shekara ya koma ya gwada mota, ya tarar abin da a da hannunsa ke yi da kansa yanzu sai ya yi tunani a kai. Ya ajiye babban tsere yana da shekara 33. Ya rayu har 2020. Hawthorn kuwa ya rasu a watan Janairun 1959, watanni kaɗan bayan ɗaukar kambun, ba a fagen tsere ba, a kan titin da kowa ke bi.

Moss ba mai wa'azin tafiya a hankali ba ne; ya ɗauki haɗari a matsayin wani ɓangare na sana'arsa. Sai dai ransa ya sa a gaba, ba ran mai jego da ta biya kuɗin kujera zuwa asibiti ba. Italiya ma ta hana Mille Miglia bayan haɗarin 1957 da ya kashe 'yan kallo, har da yara. Mutanen Daura sun daɗe da sanin wannan a kan doki: sukuwa tana da filinta, ba a yin ta a cikin kasuwa.

Jami'an kiyaye haɗurra ba za su iya tsayawa a kowace kwana tsakanin Kazaure da Kongolam ba. Abin da direba ke ji a tasha ya fi tara tasiri a kansa. Shugabannin ƙungiyar direbobi da fasinjoji su ne ke raba yabo, kuma su za su iya mayar da shi kan wanda ya san hanyarsa, ya faɗi gaskiya ko da za ta ci shi, ya kuma miƙa makulli ranar da ya ga idonsa ya fara rauni.