Mai Majigin Da Ya Hana A Binne Gaskiya

'Yan'uwa talakawa da 'yan kasuwa, ku ji labarin Usmanu Sembene, mutumin Senegal, wanda aka haifa a 1923, ya rasu a 2007. Ɗan masunci ne, ya yi dako a tashar jiragen ruwa ta Marseille a Faransa, ya kuma rubuta littattafai. Da ya ga yawancin mutanensa ba su iya karatu ba, sai ya koma shirya majigi, don kowa ya gani da idonsa.

A 1988 ya fitar da "Camp de Thiaroye", watau labarin sojojin Afirka da suka yi wa Faransa yaƙi, suka komo suka nemi kuɗin aikinsu. Ran 1 ga Disamba 1944 aka buɗe musu wuta a barikin Thiaroye kusa da Dakar. Hukuma ta ce mutum 35 suka mutu. Sai a 2024, bayan shekara 80, shugaban Faransa ya amsa cewa kisan kiyashi ne.

To, jama'a, alƙalami a hannun mai mulki yake, abin da ya ga dama shi yake rubutawa. In talaka bai adana labarin zaluncin da aka yi masa ba, gobe a ce ƙarya yake yi. Sembene ya adana na mutanensa. Lalle ya cancanci yabo.