Sabulun Salo da Fargabar Namiji

Rashid Johnson, haifaffen Chicago a 1977, mai zane ne, mai sassaƙa, mai ɗaukar hoto, kuma shi ya ba da umarnin fim ɗin Native Son a 2019. Aikinsa da ya fi tsaya mini a rai shi ne Anxious Men na 2015. Ya shafa sabulun salo haɗe da kaki a kan fararen tayil, ya kankaro fuskoki: idanu zuru-zuru, haƙora a cije. An daɗe ana son baƙar fata namiji a Amurka ya haɗiye tsoronsa. Johnson ya fito da shi fili, kuma ina goyon bayansa, domin ciwon da aka ɓoye ba ya samun magani.