Robert Wise: Daraktan da ya koyi sana'arsa da almakashi

Fim ɗin The Sound of Music ya kusa awa uku, amma mai kallo ba ya jin tsawonsa. A ganina sirrin yana wurin da daraktansa, Robert Wise, ya fara neman abinci, wato ɗakin tace fim.

An haifi Wise a jihar Indiana ta Amurka a 1914. Ya shiga kamfanin RKO a Hollywood a 1933 a matsayin ɗan aike, daga nan ya koma tace sauti, sannan tace hoto. A wancan zamani babu kwamfuta. Zaren fim ake yankawa da hannu a liƙa. Shi ne ya tace Citizen Kane na Orson Welles a 1941, aikin da ya sa sunansa ya shiga jerin 'yan takarar lambar yabo ta Oscar.

Shekara guda bayan haka sai ga abin da ya zame masa tabo. Welles ya gama ɗaukar The Magnificent Ambersons ya tafi Brazil wani aiki. Da aka haska fim ɗin na gwaji, 'yan kallo ba su karɓe shi ba, sai kamfanin ya ce a rage shi. Wise ne ya riƙe almakashin. An cire fiye da minti 40, aka sauya ƙarshen labarin, kuma abin da aka cire ya salwanta. Har gobe masoya Welles ba su yafe masa ba.

Ba zan wanke shi tas ba, domin asarar ta gaske ce. Amma matashi ɗan shekara 27 da ke cin albashin kamfani ba shi ne mai wuƙa da nama ba. Da ya ƙi, wani za a ba.

Zargi na biyu shi ne wai ba shi da salo nasa na kansa. Nan ne na saɓa da masu suka. Tun daga 1944, lokacin da aka miƙa masa The Curse of the Cat People saboda daraktan farko ya ja lokaci, babu irin fim ɗin da bai taɓa ba. Ya yi na dambe, The Set-Up, a 1949, inda mintin da ke wucewa a labarin shi ne yake wucewa a agogon mai kallo. Sai wanda ya san lissafin yanka yake iya wannan. Ya yi The Day the Earth Stood Still a 1951, sannan West Side Story a 1961 tare da Jerome Robbins, wanda ya ci Oscar 10. The Sound of Music na 1965 ya ci 5. Shi kansa Wise ya tashi da 4.

Abin da ake kira rashin salo, ni tarbiyyar ɗakin tacewa nake gani. Mai tace fim yana yini da kurakuran wasu. Yana ganin hoton da aka kashe kuɗi a kansa amma bai ƙara wa labari komai ba, ya koyi jefar da shi ba tare da tausayi ba. Idan irin wannan mutum ya hau kujerar darakta, tun kafin a kunna kyamara ya san abin da zai buƙata. David Lean na Ingila, wanda ya yi Lawrence of Arabia, shi ma ta wannan ƙofa ya shigo.

Wise ya rasu a 2005 yana da shekara 91. In ka kalli fim ya ƙare ba ka duba agogo ko sau ɗaya ba, ka daure ka jira sunayen ƙarshe, ka ga wanda ya tace shi.