Sojan Tagulla Na Birnin Talin: An Yi Daidai, Amma An Yi Gaggawa

'Yan'uwana ɗalibai da iyayenmu, ina so in ja hankalinku zuwa wata ƙaramar ƙasa ta Turai mai suna Estoniya, maƙwabciyar Rasha. A babban birninta, wato Talin, akwai mutum-mutumin wani soja da aka ƙera da tagulla. Da aka ɗauke shi daga mazauninsa a shekarar 2007, sai tarzoma ta ɓarke har aka rasa rai. Ni a ganina an yi daidai da aka kai shi maƙabarta, amma hanyar da aka bi ba ta dace ba. Ga dalilaina.

Hausawa na cewa waiwaye adon tafiya. A 1940 Tarayyar Sobiyet ta mamaye Estoniya. A 1941 Jamusawan Hitila suka kore ta. A watan Satumba na 1944 sojojin Sobiyet suka dawo suka karɓe Talin, ƙasar kuwa ta zauna a hannunsu har 1991. An binne waɗansu daga cikin sojojin nan a wani tudu da ke tsakiyar birni, aka kafa musu alama ta katako. Ran 8 ga Mayu, 1946, waɗansu 'yan mata biyu 'yan makaranta, ɗaya mai shekara 14 ɗaya mai 15, suka tarwatsa alamar da nakiya. Aka kama su, aka tura su sansanin aikin dole. A 1947 aka kafa sojan tagulla a wurin.

To, ga inda gizo ke saƙar. A 2007, kusan kashi ɗaya cikin huɗu na mutanen ƙasar 'yan asalin Rasha ne. A wurinsu sojan nan kakansu ne wanda ya ba da ransa don karya Hitila, a yaƙin da Sobiyet ta rasa mutane fiye da miliyan 20. Shi ya sa kowace ran 9 ga Mayu sukan kai masa furanni. Su kuwa 'yan asalin Estoniya cewa suke an gudu ne ba a tsira ba, gama mai ceton ya zama mai gida. Ba su manta da mutanensu wajen dubu 10 da aka kwashe zuwa cikin Rasha a 1941 ba, da wajen dubu 20 da aka kwashe zuwa Saberiya a watan Maris na 1949. Kowane ɓangare yana da gaskiyarsa, kowa kuma yana da mamatansa.

Dalilina na fari na goyon bayan ɗauke shi shi ne darajar mamatan. Gawa 12 aka tono a wurin. Wurin kuwa ya riga ya zama fagen cacar baki, musamman a 2006, har sai da 'yan sanda suka yi ta gadinsa. Ina mutuncin kabarin da ake zage-zage a kansa? Na biyu, ba a farfasa sojan ba, ba a narka shi ba. An sake tsayar da shi a maƙabartar sojoji ta birnin ran 30 ga Afrilu, 2007, aka ci gaba da kai masa furanni. Na uku, tsakiyar birni ta kowa ce. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, bai kuwa kyautu a tilasta wa wanda aka kwashe uwarsa a jirgin ƙasa ya riƙa wucewa kullum ta gaban alamar mulkin da ya kwashe ta ba.

Amma fa gwamnatin Firayim Minista Andrus Ansip ta yi garaje. Ta killace wurin ran 26 ga Afrilu, saura kwana 13 ranar da masu kai furanni suka fi girmamawa. Da dare tarzoma ta tashi, kafin gari ya waye an ɗauke sojan. Dare biyu ana fasa kantuna, aka kama mutane fiye da dubu, wani saurayi ɗan Rasha ya mutu. Bayan haka aka shafe wajen mako uku ana kai wa kwamfutocin bankuna da jaridu da ma'aikatun gwamnati hari ta intanet. Estoniya ta zargi Rasha, Rasha ta musanta.

Wani zai ce ai ko an nemi shawara, masu zuga daga waje ba za su bari a daidaita ba. Mai yiwuwa ne. Amma mai zuga ba ya samun shiga sai inda bango ya tsage. Da an bari ranar ta wuce, aka zauna da tsofaffin sojoji da dangin mamatan, aka ɗauke sojan da rana tsaka cikin girmamawa, da maƙwabci bai ji an yi masa satar kaka da dare ba.

Saboda haka, 'yan'uwa, gaskiya ita kaɗai ba ta isa ba, sai an haɗa ta da haƙuri da sauraron wanda abin zai yi wa ciwo. Allah ya ba shugabanni wannan basira, amin.