Tsumagiya Ba Ta Koya wa Zomo Tsalle

Mu mutanen Dutsin-Ma da Kurfi mun gaji wani gurɓataccen karatu, wai dabba ba ta jin magana sai a jikinta. Mu ce "jiki magayi", mu karyo tsumagiya. Ku dubi mai wasa da biri in ya ratso kasuwar Laraba: sarƙa a ƙugun biri, bulala a hannun ubangida, birin na tsalle idonsa na kan bulalar, mu kuwa muna shewa muna jefa kuɗi. Yaranmu suna kallo. Gobe su ne za su ɗaure kwikwiyo ko zomon gida a bayan ɗaki, su ce sai ya tsallake kara ko ya sha duka.

Abin da duka ke koya wa dabba guda ɗaya ne: hannun da za ta guda. Dabba tana maimaita aikin da daɗi ya biyo bayansa nan take. B. F. Skinner na Amurka ya yi littafi a kan haka tun 1938, bayan gwaje-gwajensa da ɓeraye.

Aikin kuwa ba wuya. A shimfiɗa karan dawa a ƙasa, a riƙe gutsuren ƙuli-ƙuli a ɗaya gefen in kwikwiyo ne, ɗanyen ganye in zomo ne. Yana ƙetarewa a ba shi, kafin a ƙirga biyu. In aka yi jinkiri ba zai san ladan me ya ci ba. Sai ya saba sannan a ɗaga karan da kaurin yatsa. Minti 5 ya isa zama ɗaya. In ya ƙi, a sauke karan, kada a ɗaga murya. Kwikwiyo ƙashinsa bai ƙosa ba, zomo kuma gadon bayansa ba ya jure faɗuwa, saboda haka tsalle mai tsawo ba nasu ba ne tukuna.

Mun san masu cewa wannan wasan Turawa ne, ana fama da tsadar hatsi da 'yan bindiga wa ke ta zomo? To, a Morogoro ta Tanzaniya ƙungiyar APOPO tana horar da dangin gafiya, wadda yaranmu ke haƙowa daga rami, su shinshino nakiyar da aka binne, ladansu ayaba da gyaɗa. Ɗaya daga cikinsu, Magawa, ya samu lambar zinariya a 2020 saboda aikinsa a Kambodiya. Horar da dabba ma ba baƙon abu ba ne a addininmu: aya ta 4 a Suratul Ma'ida ta halatta abin da horarren kare ya kamo. Labarin matar da ta shiga wuta saboda kyanwa kuwa, ko ɗan Islamiyya ya san shi.

Kare da aka rena da duka, ranar da ya rasa hanyar gudu cizo zai yi, kuma yawanci yaron gidan ne a kusa. Daga nan sai neman allurar cizon kare, wadda kuɗinta zai sayi ƙuli-ƙulin shekara.