Babur Ɗin Baba Ba Gwangwani Ba Ne

Mai karatu, ka yi mini haƙuri, yau ba labari na zo ba ka ba, faɗa na zo yi. Kuma da yayana nake faɗan, uwa ɗaya uba ɗaya. Da shi kaɗai ne da a zaure za mu kashe maganar mu binne, to amma na lura irinsa suna nan birjik a kowace unguwa, shi ya sa na fito da ita fili.

Mahaifinmu, Allah ya jiƙansa, malamin firamare ne. Da aka biya ma'aikata kuɗin Udoji a 1975, wasu suka ƙara aure, wasu suka sayi rediyo mai kaset, shi kuwa ya sayo Honda Benly mai silinda biyu, baƙi wuluk, tankinsa da farin ƙarfe mai sheƙi gefe da gefe. Sama da shekara ashirin yana hawansa zuwa ƙauyuka koyarwa, rani da damina. A kansa na fara sanin cewa akwai gari a bayan ganuwa. Da tsufa ya kama mai shi, aka jingine shi a zaure aka lulluɓe da buhu. Bara waccan na dawo daga wata tafiya na tarar da zaure fayau. Na tambaya, sai Yaya ya ce, "Wannan tsohon ƙarfen? Ai 'yan gwangwan na kira suka auna shi. Ɓeraye kawai yake tara mana." Abin da suka ba shi bai kai kuɗin buhun masara ba.

Na ce, "Haba Yaya, ai da an gyara." Ya yi dariya ya ce gyara aikin wanda ba shi da kuɗin sabo ne. Ya ƙara da cewa in daina zuzuta Japanawa, su ma kwaikwayon Turawa suka yi, kamar yadda 'yan Caina ke kwaikwayonsu yanzu. Ban iya ba shi amsa a ranar ba, don wuyana ya shaƙe. Yau ga amsar.

Mutumin da sunansa ke jikin tankin nan da aka ɗora a sikeli, wato Soichiro Honda, ɗan maƙeri ne. An haife shi a 1906 a wani ƙauye kusa da Hamamatsu, ubansa yana ƙira yana kuma gyaran keke. Yana ɗan shekara goma sha biyar ya tafi Tokyo ya zama yaron gareji, kuma kafin a bar shi ya taɓa sifana, goyon ɗan maigida aka fara ba shi. Duk wanda ya taɓa zama yaron shago a garin nan ya san wannan karatun. Shekara shida ya yi a can yana kwance motocin mutane yana ɗaurawa. Daga baya ya ce zai ƙera ringin fistin ya sayar wa Toyota. Suka ɗebi hamsin suka gwada, uku kacal suka ci jarrabawa. Bai ce an yi masa baƙin ciki ba. Makaranta ya koma, da girmansa, ya zauna cikin yara don ya gane abin da ke cikin ƙarfe. Yaƙin duniya na biyu da girgizar ƙasa suka rushe masa masana'anta. A 1946 ya sayi ragowar ƙananan injinan da sojoji ke ba rediyonsu wuta, yana ɗaura su a jikin kekuna yana sayarwa. A 1948 ya kafa kamfanin Honda. To Yaya, wannan mutumin daga ina ya fara in ba daga gyara ba? Sana'ar da ka raina ita ce ta haifi abin da ka sayar.

Batun kwaikwayo kuwa, ban musa ba, kuma ba abin kunya ba ne. Yamaha kayan kiɗa suke yi tun asali, Suzuki injinan saƙa, Kawasaki jiragen ruwa da na sama. Babur na farko da Yamaha ta fitar a 1955, YA-1, ɗaukar hoton DKW RT125 na Jamus ne. Sai dai abin da Yaya bai sani ba shi ne, wannan DKW ɗin su ma Turawan Ingila sun kwafe shi suka kira shi BSA Bantam, Amurkawa ma suka kwafe shi a kamfanin Harley-Davidson. Kawasaki W1 na 1966 kuwa, kowa ya dube shi ya ga BSA. Kowa ya kwaikwaya. Tambayar ita ce, bayan ka kwaikwaya sai me? Nan ne aka yi rabon gado.

A 1954, lokacin da kamfaninsa ke fama da bashi har ana tunanin zai durƙushe, Honda ya fito ya shelanta cewa zai shiga tseren tsibirin Man, wani tsibiri da ke tsakanin Ingila da Ayalan, inda ake zagaya titin mota na kusan kilomita sittin, tsakanin gidaje da katangun dutse. Ya je da kansa ya gani a shekarar. Abin da ya gani ya kashe masa jiki: baburan Jamus da Italiya sun ninka nasa ƙarfi kusan sau uku. Me ya yi? Ya sayi sarƙa, taya, kafireta, ya cika jaka ya koma gida ya zube wa yaransa, aka kwance ana dubawa. Shekara biyar suka yi kafin su koma. A 1959 suka shiga ajin 125cc suka zo na shida, na bakwai da na takwas. A 1961, a ajin 125cc da na 250cc, na ɗaya har zuwa na biyar duk Honda ne, kuma wani Bature ɗan Ingila, Mike Hailwood, shi ya ci duka biyun. Zuwa 1966 sun ƙera inji ɗan 250cc mai silinda shida, kowane fistin bai wuce kofin shayin Buzaye ba, yana juyawa sau dubu goma sha takwas a minti ɗaya. Wa suka kwaikwaya a nan? Babu Baturen da ke da irinsa. Har sai da hukumar tseren ta kafa dokar taƙaita yawan silinda da giya.

Ba zan ɓoye ba, ba kowace nasara ce ta zo da hannu mai tsabta ba. Suzuki sun ci gasar duniya ta 50cc a 1962 ne da Ernst Degner, wanda ya tsere daga Jamus ta Gabas a 1961 da sirrin kamfanin MZ a kansa, musamman yadda ake tsara salansa ta ƙara wa inji mai shan fetur gauraye da baƙin mai ƙarfi. Kuma tseren ya ci rayuka: Tom Phillis, wanda ya ci wa Honda kambin duniya na 125cc a 1961, a tsibirin Man ɗin ya mutu shekara ɗaya bayan nan. Ina faɗin wannan ne don kada wani yaro ya karanta ya ce na ɗaure wa masu ganganci da babur a wajen biki gindi. Wancan tsere ɗakin gwaji ne, injiniya na tsaye da agogo da takarda, in bawul ya karye a gano dalili kafin mako ya zagayo. Naku kuwa ɗaga ƙafar gaba ne a kan titi, in an karye a nufi gidan mai ɗori, ba a koyi komai ba.

Kamfanonin Ingila, masu Triumph da Norton da BSA, sun zauna suna cewa a bar Japanawa da ƙananan babura, manya nasu ne. Tunanin Yaya sak. A 1969 Honda ta fito da CB750, silinda huɗu, birkin faifai a gaba, ana tayar da shi da maɓalli, kuma ba ya ɗigar da mai a tsakar gida. A 1972 Kawasaki ta biyo da Z1 mai 903cc. Zuwa 1973 BSA, wadda ta taɓa zama kan gaba a duniya, ta daina ƙera babur. A 1975 Giacomo Agostini ɗan Italiya ya ci babban ajin 500cc a kan Yamaha, karo na farko da babur ɗin Japan ya ɗauki wannan kambi. Wannan shekarar ce fa Baba ya tura Benly ɗinsa ya shigo da shi zaurenmu. Ba tsohon ƙarfe Yaya ya sayar ba, ɗan dangin waɗancan ne, gida ɗaya suka fito.

Akwai kuma wanda ya fi shafar mu kai tsaye. A 1974 Honda ta tura mutanenta ƙasashe irin su Tailan, Indonusiya, Iran da Pakistan su ga yadda talaka ke amfani da babur. Suka tarar ana ɗora masa mutum uku, huɗu, da kaya, ba a canza baƙin mai sai ya koma kamar kwalta, ba a zuwa wurin bakanike sai inji ya tsaya cak. Ba su tsaya zagin mutane ba, suka koma suka tsara injin da zai jure wannan wulaƙanci, shi ne CG125 na 1975. Zuwa 1979 kamfanin ya kafa reshe a Ota ta jihar Ogun. Da yawa daga baburan Caina da suka cika titunanmu daga ƙarshen shekarun 1990, in ka buɗe cikinsu tsarin CG ɗin nan za ka gani. Shi ya sa ni ba na zagin 'yan Caina. Abin da Japan ta yi suke yi: su saya, su kwance, su gane, su ƙera. Mu ne dai muka tsaya a saye. In ya tsufa mu kira mai sikeli.

To wai me ya kawo wannan rainin? A zamanin Baba, babur abin hawan malami ne da akawu da malamin asibiti, ana wanke shi ranar Asabar kamar doki. Da tattalin arziki ya karye a shekarun 1980 aka shiga acaɓa, sai ya koma alamar wahala. Har a littattafanmu, duba ka gani: saurayin da ya zo zance a kan babur shi ne wanda za a kora a babi na uku, in mai Marsandi ya iso. Bakanike kuwa ba ya fitowa sai in motar jarumi ta lalace, ya zo da baƙin hannu a ba shi ɗari biyar ya wuce. Mun koya wa kanmu cewa mai maiƙo a riga bai ci gaba ba, alhali ƙasar da muke sayen motocinta mai maiƙo a riga ne ya gina ta.

Dubi yadda suke yi da tsofaffin nasu. A Motegi, Honda na da gidan ajiya da aka buɗe a 1998, kuma ba jere su kawai aka yi ana kallo ba, ana kula da su yadda za su tashi, lokaci-lokaci a fito da su fili a hau jama'a su ji kukansu. A 2018 an yi gwanjon ɗaya daga CB750 na gwaji a Ingila, kuɗinsa ya haura fam dubu ɗari da hamsin. Ban ce Benly ɗin Baba zai yi ko kusa da haka ba, kada Yaya ya kasa barci. Na kawo ne don a ga cewa abin da muke aunawa a kilo, wasu da lamba da shekara suke lissafa shi. Rashin sani ne ya sa kaza ta kwana a kan dami.

Na san abin da za a ce, kuma akwai gaskiya a ciki. Kayan gyara sun yi wuya. Fetur ya yi tsada. Magidancin da ba shi da na cefane ba za a ce ya zauna yana goge tanki ba, in ya sayar don yara su ci ban ga laifinsa ba. Amma Yaya ba yunwa ce ta sa shi ba, wuri yake so ya ajiye janareta. Kuma wahalar kayan gyaran ma mu muka jawo ta: duk babur ɗin da aka narkar, an narkar da kafireta da giya da kan injin da za su tayar da wasu uku. Hannu kuwa muna da shi. Je ka Panteka a Kaduna ko Ƙofar Ruwa a Kano ka ga mutanen da in ka kawo musu karyayyen ƙarfe za su dube shi su fitar maka da irinsa kafin la'asar. Akwai dattawan makanikai da ke gane ciwon Benly da kunne tun daga bakin layi. Suna ta mutuwa ɗaya bayan ɗaya, yaransu kuwa canjin kaya kawai suka iya, a cire a jefar a sa sabo, domin ba wanda ke kawo musu abin da zai sa su yi tunani.

Kuma in na ce gyara, ba fenti nake nufi ba. Na ga wani ya ɗauko tsohuwar Suzuki ya cire injinta ya dasa na Caina, ya fesa mata ja, ya manna mata sitika har a kan fitila, wai ya farfaɗo da ita. Wannan ba farfaɗowa ba ce, gawa ya yi wa kwalliya. Gyaran gaske shi ne a kwance komai a shimfiɗa a tabarma, a wanke tsatsar cikin tanki, a auna silinda in ta ci a yi mata bori a sa fistin da ya dace, a wasa bawul, a sake ɗaure wayoyin ƙafa ɗaya-ɗaya, kuma duk abin da aka cire a ajiye shi, ko ya mutu, don da shi za a auna sabo. Aiki ne na wata da watanni. Yaron da ya zauna ya ga an yi shi sau ɗaya daga farko har ƙarshe ya san inji, sanin da ba zai samu a canjin filogi na shekara goma ba.

Ni dai na samo wani Benly ɗin a wani ƙauye, kaji na ƙwai a ƙarƙashinsa. Ba na Baba ba ne, na Baba ya tafi, wataƙila yanzu rodi ne a ginin wani. Yana wurin wani dattijo da ya yi wa Baba gyara shekara da shekaru, wanda da ya gan shi sai da ya cire hula ya share fuska. Ya ce mini, "Ɗana, inji zai tashi, amma kafiretar ta mutu, sai ka nemo." Wata huɗu ke nan ina nema. Saboda haka duk mai irinsa a zaure ko a bayan ɗaki, ko gangar jikin ce kawai ta rage, in har ya ƙudura sai ya rabu da shi, to ya bari mai sikeli ya auna ya faɗi kuɗinsa, ni zan ninka. Yaya kuma ya riga ya aiko yaro ya tambaya wai in an gama ko za a ba shi ya ɗana. Na ce a gaya masa sai na yi shawara.