A Buɗe Takardun Kwangila a Idon Jama'a

Kundin tsarin mulkin Najeriya na 1999 ya ɗora wa ƙananan hukumomi kula da kasuwanni, tashoshin mota da mahauta. A masarautar Gumel, wato ƙananan hukumomin Gumel, Maigatari, Gagarawa da Sule Tankarkar, babu inda wannan iko ya fi nauyi kamar kasuwar dabbobi ta Maigatari mai ci ranar Alhamis, inda fatake ke shigo da shanu da raƙuma daga Nijar. Duk wanda aka damƙa wa karɓar kuɗin kara ko rabon rumfuna ya samu babbar kafar kuɗi. Rigima kan tashi idan an ba shi ba tare da sanarwa ba.

Wanda aka hana yana da damar kai ƙara Babbar Kotu. Can za a duba ko an yi talla, ko an buɗe takardun 'yan takara a bainar jama'a, da dalilin fifita wani. Idan ba a rubuta komai ba, mai ƙara ba shi da hujja, kuma kafin a yanke hukunci an ci kasuwa an watse.

Ranar 11 ga Yuli, 2024, Kotun Ƙoli ta ce a riƙa biyan ƙananan hukumomi kasonsu kai tsaye, don haka nauyin da ke kansu ya ƙaru. Wajibi ne shugabannin ƙananan hukumomin nan huɗu su liƙa sunan duk wanda ya ci kwangila da farashinta a sakatariya, hukumar tantance kwangiloli da ke Dutse kuma ta sa ido.